Minti Huɗu na Garinmu

Ranar Talata ce, ranar kasuwarmu. Da ƙarfe bakwai na safe Baba ya ciro gwangwanin fim daga gindin randa, ya buɗe shi a inuwa don ya sha iska, kamar yadda yake yi duk mako. Ina dama koko ina tsokanarsa, na ce ya fi tattalin gwangwanin nan a kan 'ya'yansa. Bai ko musa ba.

Gadon kakana ne. Kafin 'yancin kai wani Baturen Ingila mai ɗaukar hoton majigi ya zo garinmu, aka laƙaba masa Mai Ƙafa Uku saboda sandunan da yake kafa kyamararsa a kai. An ce a fagen yaƙi ya fara aikin, ya ɗauki gawa har ya ƙoshi, ya rantse daga nan sai masu rai da sana'arsu. Kaka ne tafintansa, shekara uku suna bin marina da maƙera da masunta. Da zai koma gida ya bar masa naɗi ɗaya na fim ɗin garinmu, ya ce a ajiye a sanyi, kada wuta ta kusance shi. A cikinmu babu wanda ya taɓa ganin fim ɗin yana motsi. Sai dai mu ɗaga shi ga haske mu ga mutane ƙanana kamar tururuwa.

Goma saura kwata muka ji babura, da yawa. Sai harbi daga bakin kasuwa, inda Yaya Sani yake sayar da taki. Awaki suka watse. Wani cikin masu baburan yana ihu: "Ku fito! Ku kwanta!" Kafin goma da rabi hayaƙi ya rufe gabas, warin fetur ya iso tsakar gidanmu.

Gwiwoyin Baba sun daɗe da mutuwa. Na durƙusa in goya shi, ya ture ni. Sunan mahaifiyarsa gare ni, don haka Uwata yake kirana. Ya danna mini gwangwanin a ƙirji.

"Uwata, bi ta gona! Kada wuta ta taɓa shi!"

Na haura katangar baya. Na kwanta cikin dawa har la'asar, ina jin rumbunanmu suna fashewa ɗaya bayan ɗaya. Rana ta dafa gwangwanin har ba ya taɓuwa. Ni kuwa sanyin randa kawai na sani, sai na jiƙa mayafina a kududdufi na naɗe shi. Kwana uku ina tafiya, duk ruwan da na samu sai na raba da shi.

Yanzu a birnin Guangzhou na ƙasar Sin nake. Kawuna ya kawo ni unguwar Sanyuanli, ina ɗaure masa jakunkuna da takalma zuwa Kano. Ya ce in manta da tsohon gwangwani in kama rayuwata. Na ce su ma masu baburan abin da suke so ke nan, kuma ba za su samu daga wurina ba.

A unguwar Tianhe, can saman kasuwar kayan lantarki, na samu wani tsoho mai juya tsoffin fina-finai zuwa waya. Ya buɗe gwangwanin, ya shinshina, ya girgiza kai ya ce meyo, wato babu. Ya rubuta a waya ta fassara mini: laima ta shiga, ɓangaren naɗin na waje duk ya manne. Wuta ba ta taɓa shi ba, mayafina ne ya ci shi. Na yi kuka a gabansa, ban ji kunya ba. Na ƙi tashi har ya yarda zai warware zuwa ciki. Mako biyu ya yi a kai, ya ceto minti huɗu.

Ga kasuwarmu, ga rijiyar ƙofar masallaci, ga Kaka yana nuna wa mutane inda za su tsaya, ana yi masa dariya. Ga matarsa, mai sunana, da jariri a goye. Baba ne. Na tura wa duk ɗan garinmu da nake da lambarsa, na sansanin gudun hijira da na birni, na ce kowa ya tura gaba. Su zo su ƙone wannan in sun isa.

A minti huɗun na ƙirga ƙofofi goma sha bakwai, babu ɗaya da ke tsaye yau. Ba a ga gawar Yaya Sani ba. An samu gawar Baba a gindin randa. Shekara arba'in yana ba fim ɗin iska, bai ga mahaifiyarsa ta juyo ta gyara masa goyo ba.