Kwarin Goribar da Na Ci Amanarsa

Shekara takwas ke nan da rasuwar mahaifiyata, wadda matan tsohon garin Agadas suka sani da Ramatu mai tabarma. Duk shekara idan watan ya zagayo nakan dafa abinci in raba sadaka, maƙwabta su shigo su yi mata addu'a, su ce na gado halinta. Ni kuma sai in sunkuyar da kai, su ɗauka kawaici ne irin na ɗiya. Kunya ce ke sa ni sunkuyawa, amma ba irin wadda suke zato ba. Bana na yanke shawarar in faɗi abin da ya faru, domin na gano wani nauyi da ta ɗauka saboda ni har ta shiga kabari da shi.

Sana'ar Inna saƙar tabarma ce da kaba, wato ganyen ƙaramar goriba tun bai gama buɗewa ba. Ba ta sayen kaba a kasuwa. Sau biyu ko uku a shekara takan ɗaura wa jaki mangala ta nufi wani kwari arewa da gari, tafiyar rabin yini, inda goriba ta yi cinkus a gaɓar rairayi. Wurin kiwon wasu Abzinawa ne, kuma uwar gidansu, Tekna, ita ta ba Inna izinin yanka tun suna da ƙuruciya. Inna ta kai mata shayi da sukari da sabulu, ita kuma ta cika mana jaka da cuku. Hausar Tekna ta kasuwa ce, Inna kuwa ba ta wuce gaisuwa da harshensu ba, amma sai su yini a inuwa ɗaya suna dariya.

Na fara bin ta lokacin hutun lakol, wato makarantar boko, kuma gaskiya ba na son tafiyar, saboda yadda take yankan. A kowane gindi ganye biyu take ɗauka, ta bar tohon tsakiya, wanda take kira zuciya. Idan ta ga toho mai ƙarfi sai ta yago tsumma daga gefen tsohon zanenta ta ɗaura masa, alamar kada kowa ya taɓa shi har ya tashi ya zama itace ya yi ƴaƴa. Tekna da ƴaƴanta sun san alamar, suna kore awaki daga wurin. Mu kuwa sai mu koma gida da rabin kaya alhali ga kaba ko'ina. Wata rana na yi ƙorafi, ta ce, “Idan mun kwashe duka, baɗi me za mu zo yi? Kuma ba mu kaɗai ke ci a nan ba.” Da haka ta nuna mini sheƙar tsuntsaye a saman dogayen goribar, da sawun barewa a rairayi. A lokacin ban ga abin da ya haɗa mu da barewa ba.

Na girma, na yi aure, na kama rumfa a kasuwa ina sayar da tabarmin matan unguwa. Idon Inna ya fara yana, har ya kai ba ta bambanta fuska sai da murya. Tafiyarta ta ƙarshe zuwa kwarin da ni aka yi. Ta kama hannuna ta sa a na Tekna, ta ce, “Ga Hadiza. Daga yau ita ce ni.” Tekna ta amsa da cewa ta karɓa.

Sai aka samu zinariya a Jado. Wanda ya zauna Agadas a shekarun nan ya san yadda gari ya rikice. Maza suka yi ta kwarara arewa, kuma kowannensu yana bukatar inuwa a wurin da babu itace ko ɗaya. Tabarma ta yi daraja, kaba ta yi wuya a kasuwa. Wani ɗan kasuwa mai kamiyo, wato babbar motar kaya, ya same ni a rumfa ya ce duk abin da zan iya haɗawa na tabarmi zai ɗauka, har da itacen kafa rumfa idan da hali. Ba yunwa nake ji ba, ba wanda ya matsa mini. Na ga ƙawayena suna canza gida, na ce ni ma lokacina ne.

Na san Tekna da iyalinta sun tashi da dabbobi neman ciyawa a wannan watan, shi ya sa na zaɓe shi. Na ɗauki ƴan ƙwadago huɗu, baƙi ne, ba su san goriba ba balle ƙa'idarta. Na nuna wa matuƙin kamiyo hanya. Da muka isa ɗayansu ya tambaye ni daga ina zuwa ina za su yanka, na ce su cika mota. Na koma inuwar kamiyo na zauna, na juya wa kwarin baya. Yini guda ina jin adda da gatari. Da na ji ƙarar faɗuwar doguwar goriba ta farko na miƙe tsaye, sannan na sake zama. Sau uku muka yi wannan tafiya.

Kabar ta cika tsakar gidanmu, ana shanya ana raba wa masu saƙa. Na gaya wa Inna daga kudu na sayo. Washegari da hantsi ta fito da sandarta ta zauna kusa da tulin, tana shafa ganyen kamar yadda ta saba. Na ga hannunta ya tsaya. Ta jawo wani toho da aka sare tun daga gindi, da tsumma ɗaure a jikinsa, ta yi ta lalube ƙullin da yatsunta.

“Hadiza, wannan ɗaurina ne.”

Na ce, “Inna, kowa yana ɗaura tsumma.”

Ba ta yi gardama da ni ba. Ta tambaya, “Dogayen fa?”

Na ci gaba da baza kaba a rana. Ta daɗe da tohon a cinyarta, sannan ta ce, “Ki je ki gaya wa Tekna da bakinki, kafin ta gani da idonta.” Na ce to, zan je.

Ban je ba. Da farko na ce sai na sallami mai kamiyo, daga baya na ce zafi ya yi yawa. Ana cikin haka masu kawo albasa daga lambunan Abzin suka zo da labarin cewa mutanen Tekna sun dawo sun tarar da kwari kamar an aske, kuma suna zargin ɗanta Agali, tunda yana hulɗa da masu zuwa Jado. Na ji wannan a kasuwa da kunnena, na ci gaba da naɗe tabarma. Inna ta sake tuna mini sau biyu, sannan ta daina. Ba ta taɓa ɗaga mini murya ba, ba ta gaya wa kowa a gida ba. Ta dai daina saƙa da kabar da na kawo, sai ta zauna hannu sake, ita da ban taɓa gani haka ba.

Shekara ɗaya da ƴan watanni bayan haka ta rasu. Mutane suka zo gaisuwa daga Ingal, daga Cirozerin, har da waɗanda ban sani ba. Tekna ba ta zo ba, ba ta kuma aiko ba. Abin da ya fi ba ni kunya in rubuta shi ne, sauƙi na ji da ba ta zo ba.

Sau da yawa nakan tambayi kaina me Inna za ta ce da ta ga kasuwar yau. Tabarmar roba ta cika rumfuna, har tawa. Mata masu saƙa suna jiran kaba daga nesa, gajera, mai karyewa, domin ana yanke ta tun ba ta ƙosa ba. Gari ya bazu ya cinye wuraren da muke tsintar goriba muna yara, kuma idan ruwa ya sauko daga duwatsu yakan ci gaɓar da dā saiwoyi ke riƙe da ita. Akwai kuma matasa da suka fara killace wurare suna dashe, suna taro suna magana a kan kare itatuwan gida. An taɓa gayyatata irin wannan taron a matsayin ɗiyar Ramatu, aka ce in bayyana yadda take yanka. Na tashi na bayyana tsaf, aka tafa mini. Ina jin da tana nan ba taron zai dame ta ba. Za ta jira mu koma gida ne ta tambaye ni ko na je.

Watan jiya na je. Wani jika nawa ne ya yi rashin lafiya mai tsanani ya tashi, na ga ban san ranar da za a kira ni ba. Na hau moton haya, wato babur, har bakin kwarin. Wasu gindayen sun sake toho, gajeru, awaki na cin kansu. Dogayen babu ko ɗaya, sai kututture. Rairayi ya faɗaɗa har inda muke zama dā, kuma ban ji kukan tsuntsu ba.

Na samu Tekna a ƙofar bukkarta ta tabarma, ta tsufa sosai. Ta gane ni, ta amsa sallama, ba ta miƙo hannu ba. Na durƙusa na ce, “Inna Tekna, ni na kawo masu gatari. Ni na nuna musu hanya, na zauna suna sara. Ba Agali ba ne.”

Ta ce, “Na san ba Agali ba ne. Uwarki ta aiko mai albasa tun a lokacin, ta ce ita ta turo ki, bukata ce ta kama ta, mu daina zargin yaro.”

Na ce, “Ba ta san komai ba sai da kaba ta iso gida. Ta ce in zo in faɗa miki, na ƙi.”

Tekna ta ja mayafinta ta rufe baki. Ta daɗe tana kallon wajen kwarin. Da ta yi magana, a hankali ta yi.

“Shekara talatin muna cin abinci a akushi ɗaya. Na ji rasuwarta ina nan zaune, na ce ba zan taka ba. Ko addu'a ban yi mata da zuciya ɗaya ba.”

Na roƙe ta gafara, ta ce gafara tana wurin Allah, ita kam ta ji. Ta ƙara da cewa kada in sake kawo wuƙa kwarin, ni ko wani nawa, matar Agali ce ke kula da abin da ya rage. Na ce daidai ne.

A hanyar dawowa na yi ta auna abin da ya saura na Inna. Tabarminta sun tsufa, biyu kawai suka rage a gidana. Itatuwan da ta raina shekara da shekaru na sayar da su a sati uku. Yadda take yanka yana nan a hannun matar Agali, wadda ta koya daga surukarta, ba daga gare ni ba. Abu ɗaya da ya rage a hannuna shi ne sunanta, wanda ta shafa wa baƙi da kanta don ta kuɓutar da ɗan ƙawarta ta kuma rufa wa ɗiyarta asiri. Shi nake mayar mata a wannan shafi. Duk wanda ya taɓa jin cewa Ramatu mai tabarma ta sa an sare kwarin Abzinawa, ya sani Hadiza ce.

Kafin in hau moto ran nan, Tekna ta sa aka kira ni. Ta dafa kafaɗar surukarta, matar Agali, ta miƙe da ƙyar, ta kama hannuna da hannu biyu kamar yadda ake yi ranar makoki.

“Ɗiyar Ramatu, ban yi miki gaisuwa ba. Yaya haƙuri? Allah ya jiƙan uwarki, ya sa ta huta.”

Na sunkuyar da kai. Surukarta ce ta ce amin a madadina.