Baƙin Dutsen Hajiya

A shekarata ta biyu ta karatu a Madina, duk Juma'a bayan salla nakan shiga bas zuwa unguwar Bani Harisa, gidan ƙanwar kakana. Ita da mijinta aikin Hajji suka zo tun suna matasa, suka zauna, har ya rasu. Hajiya muke ce mata. Jikokinta suna jin Hausa amma yawanci da Larabci suke amsawa, shi ya sa na zama abokin hirarta, duk da ba ni da yawan magana.

Daga tagar falonta ana hango Uhudu. A lokacin kuwa dutsen ya shiga raina. Na sha bin gindinsa a ƙafa ina rubutawa a ɗan littafina: yadda ya miƙe daga gabas zuwa yamma ya tokare arewacin gari, kwazazzaban da ruwa ya zaizaye, 'yan itatuwan ƙaya da suka maƙale a tsagoginsa. Jikinsa ja-ja ne, mai tauri, ko guntu ka ɗauka sai ka ji nauyi. Baƙin dutse mai huji-huji kuwa na filayen gabas da kudu ne, inda aman wuta ya daskare tun zamanin da, irinsa kuma ya cika hanyar Khaibar.

Wata Juma'a bayan mun ci abinci, ta sa aka miƙo mata wani ƙunshin farin ƙyalle mai ƙamshin turare. Ta kwance a hankali, ta ɗora mini dutsen da ke ciki a tafin hannu.

"Marigayi ne ya hau har ƙololuwar Uhudu ya ɗauko mini, shekarar da muka zo," in ji ta. "Da sassafe ya fita, sai la'asar ya dawo. Ban taɓa bari yaran nan sun taɓa ba. Kai mai karatu ne, riƙe."

Baƙi ne, sakayau, duk huji. Na jujjuya shi sau biyu.

"Hajiya, wannan ba na Uhudu ba ne."

Babban jikanta ya ajiye waya ya leƙo, sai ya fashe da dariya. Yau ɗaya ya yi Hausa don ta ji sosai, ban da sitti, wato kaka, da suke kiranta da shi.

"Ya sitti, dutsen goge kaushi ne! Wallahi kaka barcinsa ya sha a inuwa, ya tsinto miki a hanya."

Ƙannensa suka kama dariya. Ita ba ta kalle su ba, ni ta kalla.

"Ɗan nan, duba dai da kyau. Uhudun nan faɗi gare shi, ai ba ko'ina ka taka ba."

Na gane abin da take roƙona. Da na ce Allah ne masani, da an wuce wurin. Maimakon haka na zaro littafina, na buɗe, na karanta mata launi da nauyi da inda ake samun kowane iri. Muryata ko rawa ba ta yi ba, ni da nake in-ina a gaban malami. Har na ƙara da cewa irin wannan a gefen titi ma ana samu.

Ta karɓi dutsen. Ba ta mayar da shi ƙyallen ba.

Juma'ar da ta biyo na shiga banɗakinsu yin alwala, na gan shi a ƙasa kusa da sabulu, a jiƙe. Na tambayi jikan ko shi ya kai shi can.

"Ni? Ita da kanta ta ajiye. Ta ce mu yi amfani da shi, kada ya tashi a banza."