Gonar da Aka Ɗinke Cikin Fata

Duk wanda ya taɓa yin sallama a zauren marigayi Malam Isiyaka a Bungudu ya san abin da ke fara tarbarsa: ƙunshin jar fata guda uku, rataye a azara kusa da zangarniyar dawar iri. Biyu sun kai girman tafin hannu, ɗaya kamar ɗan yatsa. Baƙo in ya gan su sai ya rage murya, ya gyara zama, ya ɗauka layu ne na gasken gaske. Shi kuwa sai ya bari mutum ya gama jin tsoronsa tukuna, sannan ya ce, "Ba laya ba ce hwa. Gona ce."

Wallahi kuma gaskiya ya faɗa.

Ni Ladan, taubashinsa ne. Ɗan gwaggona ne, ya girme ni da shekara shida, kuma tun muna gaban allo ba mu taɓa haɗuwa mun rabu ba tare da ɗaya ya tsokani ɗaya ba. Ku da kuka san shi kun san manomi ne na ƙwarai a Karakkai. Da gwiwa ta gaza, hanyar gona kuma ta daina lafiya, 'ya'yansa suka ɗauko shi da matarsa Hajo suka dawo da su cikin gari. Wata uku yana zaune a zaure kamar wanda aka yi wa sata. Sai ɗansa Bashiru, mai aiki a Gusau, ya kawo masa wata tsohuwar kwamfuta, ya sa masa wasan noma a ciki: ka share fili, ka shuka, ka girbe, ka yi kiwo.

"Wanga abin yara ne," in ji shi.

Bayan sati biyu yana da shanu tara, kowace da sunanta. Bayan shekara, ba ya shuka a cikin kwamfuta sai ruwa ya sauka a Bungudu, don ya ce shi ba mahaukaci ba ne da zai yi shuka da rani. In aka kira salla kuwa, ko yana tsakiyar girbi zai saki linzamin kwamfutar ya ɗauki buta. Wannan na shaide shi a kai, Allah Ya sani.

Matsalar ta fara ne da 'yarsa ta haihu a Tsafe, za mu je mu yi kwana bakwai har suna. Kwana bakwai ba a duba shanu ba? Ina! Ya ji surukin nasa yana da kwamfuta, sai ya ari filashi, ɗan abin nan da ake kwasar kayan kwamfuta a ciki, ya ce zai ɗauki gonar ya tafi da ita. Na ce ya bari Bashiru ya zo ya yi masa.

"Mi Bashiru ya sani? Ni na haife shi ko shi ya haife ni?"

Ya kama ɗan hoton wasan da ke fuskar kwamfuta, ya ja shi ya jefa cikin filashi. Kafin ƙiftawar ido an gama. Ya dube ni yana taƙama.

"Ka gani? Gona guda, ko jaki ba a nema ba."

A Tsafe, bayan an ci an sha, ya tara surukai da maƙwabta, ya ce yau za su ga noma. Aka sa filashi, aka danna. Shiru. Aka sake dannawa, sai wani ɗan rubutu ya fito ya ce ba a ga abin da ake nema ba. Surukin, mutum mai kunya, ya sunkuyar da kai ya ce, "Baba, ai wannan alamar hanya ce kawai kuka ɗauko. Kamar mutum ya ciro ƙyaure ne ya bar ɗakin. Gonar tana can Bungudu."

Na yi dariya har rawanina ya kwance. Shi kuwa ko gezau. Ya zare filashinsa, ya hure shi, ya sa a aljihu.

"To, madalla. Tunda ƙyauren yana hannuna, ba mai shigar mini gona."

Da muka dawo bai mayar wa mai filashi abinsa ba, sai da ya ba shi tiyar dawa a madadi. Ya kai wa baduku ya ɗinke shi cikin fata saboda gara da laima, ya kira ni in rubuta sunansa a jiki da ajami, wai hannunsa na rawa, idonsa kuma ya daina ganin ƙananan baƙaƙe. Ya ce in rubuta "Tafiyar Tsafe". Na tsoma alƙalami a tawada, na yi bisimilla a zuci, na rubuta "Ƙyauren wawa". Allah Ya yafe mini. Ya karɓa, ya rataye, ya yi mini godiya.

Shekara ta zagayo, faifan da ke cikin kwamfutar ya cika maƙil, shanu suka riƙa tafiya suna tsayawa kamar masu ciwon kofato. Muka ɗauki kwamfutar a mota zuwa Sabon Garin Gusau, wurin Sanusi mai gyara, dattijo mai furfura a gemu da haƙurin raƙumi. Sanusi ya ce a ƙara faifai na biyu, a mayar da wasan can. Ya ce mafi sauƙi ma a goge, a sayi data, a sake sauko da shi sabo.

"In sayi data in sauko da abin da ke cikin ɗakina? Kai, ɗan nan, ka taɓa jin wanda ya sayi dawa alhali rumbunsa cike?"

"To Baba, a yanke shi daga nan a kai can, wuri ya samu."

"A mi?"

"A yanke."

"Ba a yanke ba. A kwafa. Ba a rushe tsohon rumbu sai sabo ya sha damina."

Wannan magana kun ji ta a bakinsa sau dubu. Ita yake faɗa in an ce ya jefar da tsohon takalmi, ita ya faɗa ranar da aka so cire masa haƙori.

Aka fara kwafa. Wani koren layi ya fito yana rarrafe, da rubutu a ƙasa. Sanusi ya karanta mana, wai layin ya ce saura minti arba'in. Da muka dawo daga azahar, ya ce saura awa uku. Jim kaɗan ya ce saura minti goma sha biyu. Malam Isiyaka ya matso da fuskarsa dab da allon, ya daɗe yana kallo.

"Na gane shi," in ji shi. "Ɗan kamashon tashar Gusau ne. Saura mutum ɗaya, saura mutum ɗaya, har rana ta faɗi."

Layin nan ya kusa kaiwa gaɓa ke nan aka ɗauke wuta. Ɗif! Sanusi ya dafe kai. Da ya tada janareta ya duba, sai ya ce, "Baba, Allah Ya taimake mu. Da yankewa muka yi, da yanzu rabi yana nan rabi yana can, sai mun yi ta tsintar su."

Ai kuwa shi ke nan, mun shiga uku. Daga Gusau har Bungudu direba da fasinjoji sai da kowa ya ji yadda manomin Karakkai ya koya wa mai gyara aikinsa. Abin da bai gaya musu ba shi ne, da aka gama kwafar ya hana a goge na tsohon faifan. Haka kwamfutar ta zauna a cike, shanu na ɗingishi, har damina ta wuce. Na ce masa to mene ne amfanin sabon?

"Yana koyon zama," in ji shi.

Shekara bakwai yana wannan noma. Sai kwamfutar ta fara gurnani kamar injin niƙa, tana mutuwa tana farfaɗowa. Bashiru ya sayo masa laftof. Sanusi ya kwashe wasan daga faifai na biyu ya zuba a ciki, aka dawo gida. Malam Isiyaka ya ce ba ya tarewa a sabon gida sai Alhamis. Kafin Alhamis ɗin Bashiru ya ba masu sayen gwangwan gawar tsohuwar. Amma kun san mutuminku: tun da hantsin ranar ya riga ya kwance ta da wuƙar yankan kuɓewar Hajo, ya ciro faifan nan biyu, baduku ya ɗinke su iri ɗaya sak. Aka kira ni rubutu. Ya miƙo ɗaya ya ce "Babban rumbu", ya miƙo ɗaya ya ce "Ƙaramin rumbu". Ni kuwa hankalina yana wurin abin da zan rubuta, ban kula wanne ne wanne ba.

Ranar Alhamis ina nan aka buɗe laftof. Wasan ya tashi lafiya, da kiɗansa da komai. Sai ga fili fetal. Ba rumbu, ba shinge, ba saniya ko ɗaya. Ciyawa kawai, da wani rubutu yana yi masa barka da zuwa, kamar baƙo.

Na buɗe baki zan yi tsiya, sai na ga fuskarsa. Ya saki linzamin a hankali.

"Sau biyu ke nan," ya ce. "Ta Karakkai, ga kuma wagga."

Ban taɓa jin muryarsa haka ba. Kwana biyu Hajo na kai tuwo tana dawowa da shi.

Ni na je Gusau na ɗauko Sanusi. A hanya ya bayyana mini kuskurensa: wasan daban, aikin da mutum ya yi a cikinsa daban. Shi wannan ana ajiye shi ne a wata ɓoyayyiyar folda a faifai na farko, babban, ko da an mayar da wasan wani wuri. In faifan yana nan, akwai rai.

Muka iso, ba wuta a unguwar kwana uku, cajin laftof saura kaɗan. Sanusi ya ce faifai ɗaya kawai za a iya gwadawa. Malam Isiyaka, da ya ji akwai rai, rowarsa ta farfaɗo nan take: ɗinki ɗaya za a farke, baduku ba don Allah yake aiki ba.

"Wanne ne babban, Baba?" in ji Sanusi. "Ni ban iya ajami ba."

"Ladan, karanta musu."

Jama'a, na ga ta kaina. Ga Hajo a bakin ƙofa, ga Bashiru, ga Sanusi. Na yi gyaran murya, na juya fatar, na ce tawadar ta ɗan dushe.

"Karanta dai."

Na karanta na farko: "Rumbun marowaci, ɓera ya shiga ya fito da hawaye." Hajo ta toshe baki da mayafi. Na karanta na biyu: "Gonar malalaci, ba zufa ba kaikayi." Sannan na faɗi gaskiya, gumi na keto mini: ban san wanne ne babban ba. Tsiyata za ta ci masa gona.

Ya bar ni na jiƙe sharkaf tukuna. Sannan ya nuna da sanda.

"Farke na malalacin. Shi na fara miƙa maka."

"Kai da ba ka gani?"

"Wa ya ce? Tun ƙyauren wawa nike karanta su. Tawada ce ba ni son saye."

Sanusi ya farke, ya jona shi da laftof, faifan ya yi ƙara ya kama juyi. Ya nemo foldar, ya kwafa, ya buɗe wasan. Sai ga rumbuna, ga shinge, ga shanu suna kiwo kamar ba abin da ya faru. Tsohon nan ya riƙa kiran sunayensu ɗaya bayan ɗaya, yana share ido da hannun riga yana cewa hayaƙin girkin Hajo ne. Hajo kuwa ko wuta ba ta hura ba. Da Sanusi ya tambaya ko a jefar da faifan yanzu, mu uku muka amsa masa baki ɗaya da maganar tsohon rumbu, tun kafin mai ita ya buɗe baki.

Damina biyu ya ƙara yi. A ta ukun, ruwan fari ya sauka ranar Talata, ya yi shukarsa, Juma'a muka kai shi makwancinsa.

Bayan sadakar bakwai Hajo ta aiko mini da laftof ɗin da ƙunshin fatar nan uku, ta ce shi ya ce a ba ni. Ina juya su a hannu sai na ga rubutu a bayan kowanne, da hannu mai rawa, da irin tawadata, wadda ban san ranar da ya ɗebe ta ba. A bayan ƙyauren wawa: "Babban wawa ya raka shi." A bayan na marowaci: "Ɓeran sunansa Ladan, kullum a nan yake cin tuwo." A bayan na malalaci, wanda aka sake ɗinkewa: "Ka riƙa duba mini shanu. Na yafe maka, ka yafe mini."

Ina duba su, kullum bayan la'asar. Na yafe maka, ɗan gwaggona, duniya da lahira. Allah Ya jiƙanka, Ya haskaka kabarinka, Ya sa gidan da ka tare ya fi wanda ka bari. Ya ba ka gonar da ba a barinta, ba a kuma ɗauke ta zuwa ko'ina. Mu da muka saura a tsohon rumbu, Allah Ya kyautata namu ƙarshen. Amin.