Takwarar Kyauta Mai Ragadada

Duk wanda ya taɓa sauka a tashar Jega da yunwa ya san Kyauta mai ragadada. Rumfarta tana gefen da manyan motocin albasar Aliero suke tsayawa kafin su nufi kudu, kuma tun direba bai kashe mota ba za ka ji ya leƙo ta taga yana kiran sunanta, ta zuba masa tuwo ta cika masa kayan ciki. Gajeruwa ce mai kaurin hannu, idanunta kullum jawur saboda hayaƙi, bakinta kuwa ba ya barin magana ta kwana. Da wannan tukunyar ta riƙe 'ya'ya maza uku bayan rasuwar mijinta Rabi'u direba, ta sa su makaranta, ta yi musu aure ɗaya bayan ɗaya.

Sunan nata ba a littafi aka samo shi ba. Mahaifinta Usmanu manomin gero ne a Maiyama, mutum mai taurin kai na bugawa a jarida, kuma ya rantse sai ya yi wa mahaifiyarsa Zubaida takwara. Aka haifa masa 'ya mace ya sa mata Zubaida, ta koma kafin yaye. Aka sake haifar mace ya sake sa Zubaida, ita ma ta koma. Ta uku ko zama ba ta fara ba. Mata suka shiga nuna matarsa da baki suna cewa wabi take yi. Wani mai tausayi da ya ga idon matar nan da ya canja suna ko don ta samu barci, amma ban da Usmanu. Da aka haifi ta huɗu sai ya gyara zaman hularsa ya ce wa liman Zubaida.

Matar ba ta yi masa gardama ba, ta san ɓata yawu ne. Ranar sunan, Tamu mahauci yana tsakar gida yana fiɗar rago, matarsa Gudiya ta shiga ɗaki barka. Mai jego ta ɗauki jaririyar ta dangwara mata a cinya.

"Gudiya, ga ta nan, na ba ki kyauta," in ji ta. "Ba tawa ba ta, ba ta gidanga ba ta. Dut wanda yaz zaka biɗar Zubaida gidan Usmanu, a ce mai babu."

Haka ake yi wa ɗan wabi a lokacin. Wani a kai shi juji a ajiye, wata tsohuwa ta ɗauko, ya tashi da suna Ajuji. Wani a yi masa tsagen wata ƙabila don kada a gane shi. Wani kuma a bayar da shi, a nuna ba a damu da shi ba, ko abin da ke ɗauke 'ya'yan zai yi zuciya ya ƙyale. Malamai sun ce camfi ne, kuma gaskiyarsu. Ita kanta Kyauta in ka tambaye ta za ta ce maka rai na Allah ne, ba cinyar Gudiya ce ta raya ta ba. Sai dai macen da aka fita da 'ya'yanta uku a naɗe cikin tabarma, ranar nan ba ta da abin kamawa sai wannan.

Yawanci irin wannan bayarwar ta baki ce, da yamma a mayar wa uwa abinta. Amma Gudiya ba ta taɓa haihuwa ba, don haka ta riƙe maganar da hannu biyu. Ana yaye yarinyar ta zo da zanenta ta goya ta, kuma da Tamu ya koma unguwar Firchin a Jega da sana'arsa, da ita aka tafi. A can ta koyi wanke tumbi da hanji, da babbake ƙafar sa, da yadda ake barin romo ya nuna ba a yi masa garaje ba. Gudiya ta ba ta labarin sunanta sau ɗaya, ta ja mata kunne kada ta sake ta amsa wancan na farkon. Ba ta ma samu damar amsawa ba, don ba wanda ya taɓa kiranta da shi. Ko ranar ɗaurin aurenta, Tamu da ya bayar da ita Kyauta ya faɗa.

Da girma ya zo, abu ɗaya ya tsaya mata a rai. Ba gidan siminti ba, ba kujerar Makka ba. Takwara take so: jika mace da za a yanka wa rago da sunanta, yarinyar da ubanta zai ji nauyin kiranta har sai an nema mata laƙabi, a riƙa ce mata Inna ko Ummi, ita kuwa tsohuwa ta san abin da aka lulluɓe a ƙasa. Har limamin unguwarsu ta aika aka tambaya, ya ce suna ne mai ma'ana mai kyau, babu laifi a raɗa shi. Ba ta taɓa roƙon 'ya'yanta ba, don takwara ba a roƙonta, amma ko jaririn goye a gidan ya san abin da take jira.

Sadiq, babban, mai shagon sayar da waya a Sabon Gari, shi ya fara samun mace. Ya sa mata Mufida, ya zo har rumfa yana yi wa uwarsa bayani wai ma'anarsa mai amfani. Kyauta ta ce Allah shi amfana, ta ci gaba da juya tukunya. Ta biyu aka sa Salima. Khalil mai bi masa ya haifi tasa ya sa Aliya, wai maɗaukakiya, yarinyar da har yau majina ba ta bar hancinta ba.

Ai yanzu ba wurin kakanni ake neman suna ba, a waya ake nema. Mace ta kwanta da cikinta wata bakwai tana latse-latse, tana neman sunan da babu mai shi a unguwa, kuma kafin a yaye yarinyar sai ka tarar da masu shi biyar a layi ɗaya, kakanninsu suna ta karya harshe wajen kira. Wata maƙwabciyar Sadiq ta sa wa 'yarta Hibba, mata suka yi ta masha Allah, suna mai daɗi. Da Kyauta ta tambayi ma'anarsa aka ce mata kyauta. Wato in Balarabe ya faɗa ilimi ne, in mai jego ta Maiyama ta faɗa da hawaye a fuskarta ƙauyanci ne. Ranar nan direbobi sun sha faɗa a kan abin da bai kai ya kawo ba.

Saura Nuraddeen, auta. Shi ne ya yi karatu mai zurfi ya samu aikin ofis a Aliero, ya sayi tabarau alhali idonsa lafiya lau, ya ajiye Hausar da ya sha a nono ya ɗauki ta rediyo. In ya zo rumfa ba ya zama a benci, wai maiƙo zai taɓa masa shadda, sai dai ya tsaya daga bakin inuwa ya gaida uwarsa yana duba agogo. Amma shi ne nata, shi ne wanda take ɓoye wa ƙoda da hanta tun yana ƙarami. Da matarsa ta sauka aka samu mace, a nan bakin inuwar ya tsaya ya ce, "Inna, wannan taki ce. Na yi alkawari takwararki ce."

Kyauta ta juya baya tana hura wutar da ke ci da kanta. Kafin la'asar babu direba ko ɗan kamasho a tashar da bai ji ba. Ta rufe rumfa, abin da ba ta yi ba tun takabar Rabi'u. Ta shiga kasuwa ta sayi atamfa, da 'yan kunne ƙanana, da tasa da cokali na yarinyar da ko nono ba ta iya kamawa sosai ba. Mahauta suna tsokanarta suna cewa yanzu sai a riƙa ce mata Kyauta babba, ita kuwa tana zaginsu tana dariya. Mace mai shekara sittin da ɗoriya ta koma rawar kai kamar amarya, kuma duk wanda ya gan ta a makon nan ya san ba ta taɓa yin farin ciki irinsa ba.

Ranar suna tun da sassafe tana Aliero. Maza suna ƙofar gida a kan tabarmi, abokan aikin Nuraddeen sun jera motoci da mashina, mata suna ciki. Kyauta tana zaune a ɗakin mai jego da kwanon goro a gabanta, ta kasa kunne. Aka shafa fatiha, sai muryar maroƙi ta tsallako katanga: sunan jaririya Zubaida.

Mata suka rangaɗa guɗa. Kyauta ba ta motsa ba. Da farko ta ɗauka wata daga dangin matar aka yi wa takwara, ta ji zafin an saɓa mata alkawari. Sai kuma ta tuna inda ta san sunan, goron da ke hannunta ya koma cikin kwano.

Ba a jima ba Nuraddeen ya shigo, fuska a washe, waya a hannu. Ya yi rabin durƙuso don kada gwiwar wandonsa ta taɓa ƙasa.

"Inna, na cika alkawari," ya ce. "Zubaida. Har Maiyama na hau mashin na je wurin Kawu Gambo, ɗan baffanki, na ce ya tuno mini sunanki na yanka. Da ƙyar ya tuna. Ashe Zubaida ne sunanki na gaskiya, shekara da shekaru ba wanda ya bincika." Ya ɗaga wayar yana karantawa. "Zubaida asalinsa Larabci ne, ma'anarsa ɗan dunƙulen man shanu, wato zaɓaɓɓen abin da ke cikin madara. Akwai ma wata Zubaida, matar sarkin Bagadaza, da ta sa aka haƙa rijiyoyi a hanyar Makka. Kin ga suna mai tarihi. Wancan kuwa, Inna, ai ba suna ba ne, laƙabi ne na camfi, na zamanin duhun kai. Ba zai yi tsari a faɗe shi gaban mutane ba."

Kyauta ta dube shi, ta dubi tabaran, ta dubi gwiwar da ke rataye a iska. Bai tambayi Gambo Zubaida nawa aka yi kafin ita ba, kuma wayar ba ta gaya masa ba.

"Wancan wane?" ta ce.

"Wancan dai, da ake kiranki da shi."

"Hwaɗe shi in ji."

Nuraddeen ya sosa ƙeya, ya yi 'yar dariyar da ba ta da gindi.

"Haba Inna, ya za a yi in kama sunanki a gabanki?"

"Ba ka iyawa ko?" in ji ta, murya ƙasa-ƙasa. "To tun da kash shigo ɗakinga kana ta Zubaida, Zubaida, gaban idona, bakinka ko nauyi bai yi ba. Ɗa ba shi hwaɗin sunan uwatai haka. Kai da kanka ka san wane na nawa, kuma shi na kaj ji kunyar abokanka su ji."

Ya sunkuyar da kai, wayar ta mutu a hannunsa bai kula ba. Mai jego, baiwar Allah, ta so ta gyara. Ta miƙo jaririyar tana cewa, "Inna, ai Ummi za mu riƙa ce mata, saboda ke."

"Ku bar wahalad da kanku, ɗiyata," Kyauta ta ce. "Ku kira ta Zubaida gaba gaɗi. Babu wadda za ku ji ma kunya."

Ta karɓi yarinyar duk da haka, don ita ba ta yi laifin komai ba. Ta daɗe tana kallon fuskarta, ta tofa mata addu'a a ka, ta roƙi Allah shi raya ta, shi ba ta kwanan da masu sunan ba su samu ba. Ta ajiye atamfar da 'yan kunnen da tasar a gefen gado. Ba ta tsaya yinin suna ba, ta ce ƙafarta ke ciwo, ta fita bakin titi ta hau motar Jega.

Washegari ta buɗe rumfa. Direbobi suka yi ta sauka suna yi mata barka, mahauta suka aiko da ƙafar sa ta musamman, Sadiq da Khalil suka zo da fara'ar waɗanda aka sauke wa kaya, suna cewa auta ya fitar da su kunya. Ta amsa wa kowa da na gode. A wurin mutanen Jega da na Aliero an riga an yi wa Kyauta takwara, don haka ko mata goma za a haifa a gidajen 'ya'yanta nan gaba, ba wanda zai sake tunanin yi mata wata.