Hol-on ɗin Hamma Jalo

Duk wanda ya taɓa zama a rumfar gyaran agogon Hamma Jalo a unguwar Herwagana ya san abin da ke cikin hularsa. Wasu goro suke ɓoyewa a nan, wasu asuwaki. Shi kati yake ajiyewa, katin wot mai lamba ɗaya, wanda ya tsufa har ya yi laushi kamar tsumma. Da magana ta ɗau zafi sai ka ga hannunsa ya nufi kai, ya ɗaga hula, ya zaro katin ya ɗaga sama.

"Hol-on!"

Kuma wallahi sai wuri ya yi tsit.

Ga wanda bai san wasan ba, hol-on shi ne kati mai lamba ɗaya. Idan ka ajiye shi, kowa zai dakata, kai ka sake wasa. Iyakarta ke nan a wurinmu. Amma ban da Hamma Jalo. Shi a wurinsa kalmar nan ilimi ce mai zaman kanta.

"Ba 'tsaya' ba ce," in ji shi. "'Tsaya' ta soja ce. Ba kuma 'dakata' ba ce, wannan ta alƙali ce. Hol-on tana nufin ku ku tsaya, ni in ci gaba. Akwai ta wasa, akwai ta magana, akwai ta akushi."

Ta akushin ita ce idan ana cin tuwo ya ga hannu ya doshi tsokar da ya daɗe yana hara.

Ni Isa tela, shagona na manne da rumfarsa tun ina saurayi. Kowace la'asar mukan shimfiɗa katako a kan benci mu buga, ba caca, sai dai wanda aka ci ya sha tsiya har washegari. Wurin zamana kullum ɗaya ne, kujerar ƙarfe mai jingina da ke kusa da shi. Duk hol-on ɗin da ya ajiye, ni take fara sauka a kai. Kuma zan faɗa muku gaskiya, kalmar nan ta daɗe tana ci mini rai, don a bakinsa kaɗai take aiki.

Kun tuna faɗan Maman Rifkatu mai ƙosai da Gwaggo Asabe mai awara a kan wurin kasko? Ranar har an ɗaga matsami sama, an tuno kakanni. Hamma ya fito da madubin gyaran agogo a maƙale a ido ɗaya, ya ɗaga kati. Matan nan suka yi shiru suna jiran hukunci.

"Yawwa. Ƙa'ida ita ce wanda ya sa hol-on shi zai sake wasa," ya ce. Sai ya kama ba su labarin wata saniyar kakansa da ta ɓata a hanyar Dukku. Ya faɗi launinta, ya faɗi sunan uwarta, ya faɗi inda ta sha ruwa. Bai kai ga inda aka same ta ba Maman Rifkatu ta yi ihu, "Wayyo ƙosaina!" Gwaggo Asabe ta ruga ta taya ta kwashewa. Faɗa ya mutu.

Da suka sake kaurewa bayan sallah, Hamma ba ya nan. Na ce yau ranata ce. Na ɗauko lamba ɗaya sabo fil, na shiga tsakaninsu na ɗaga.

"Hol-on!"

Gwaggo Asabe ta dube ni sama da ƙasa. "Kai tela, ina zanina da ka ce jiya?"

Maman Rifkatu ta ce, "Ni ma rigar cocina tana wurinsa!"

Jama'a, su biyun suka haɗa kai suka raka ni har cikin shago. Da Hamma ya dawo ya ji, dariya ya yi har madubin ya faɗo daga idonsa. "Ai ka raba faɗan, Isa. Sai dai kai ne saniyar."

To duk wannan mai sauƙi ne. Asalin ciwona ya fara ne ranar da Tica Yila ya kawo gyaran agogo. Malamin firamare ne da ya yi ritaya, Batangale, dogo, kullum da biro a aljihun gaba. Ya tsaya yana kallon wasanmu, sai ya ji Hamma ya yi kirarinsa na hol-on.

"Malam, a yi mini afuwa," in ji Tica. "Kalmar nan ta Turanci ce, akwai harafin 'd' a tsakiyarta. Kana haɗiye shi."

Muka dubi juna. Ba a taɓa yi wa Hamma gyara a rumfarsa ba.

"Tica," ya ce, "harafin nan ka riƙe shi, ka haɗa da fansho. Zauna mu gani ko yana cin wasa."

Ya zauna. Ana cikin bugawa Hamma ya ajiye hol-on, ya sake wasa, yana murmushi. Da zagaye ya zo kan Tica, sai ya ajiye nasa lamba ɗayan a hankali, ya ɗaga yatsa daidai yadda Hamma ke yi, ya furta kalmar da harafinta cikakke. Ya ajiye wani. Ya sake ajiye wani. Kafin mu farga hannunsa wayam.

Na gyara zama ina jiran a kori mutumin nan. Ina! Hamma ya kafe shi da ido, can ya juyo wurina.

"Isa, tashi ka ba Tica kujera. Bayansa ba irin naka ba ne."

Kujerata! Wadda har ta ɗauki siffar jikina! Na koma benci, kusa da buta.

Daga ranar ban sake gane kan Hamma ba. In 'yan'uwansa sun kawo kindirmo daga ruga, sai ya ce a ajiye wa Tica na sama. Da babbar sallah cinya guda ya aika gidan Tica, ni aka kawo mini wuya. Na ce, "Hamma, shekara da shekaru ina maƙwabtaka da kai, wuya?"

"Wuya ai na gida ne. Baƙo ake ba cinya."

"To yaushe Tica zai daina zama baƙo?"

"Ranar da ka iya wasa."

Kullum suna cikin musu a kan kalmar nan. Tica ya ce in 'yan wasa biyu ne kacal, hol-on da lamba takwas mai tsallake mutum ɗaya duk abu guda ne. Hamma ya ce a'a, takwas wulaƙanci ce, ka ware mutum ɗaya ka hana shi. Hol-on kuwa adalci ce, kowa da kowa take tsayarwa. Su yi ta yi har a kira magariba, Hamma ya tafi masallaci, Tica ya zauna gadin rumfa. Ni da na yi shekaru ina gadin rumfar nan, ko kallona ba a yi.

Ana nan sai ɗan Tica ya gina gida a GRA, ya zo ya kwashe uban. Ba zan yi muku ƙarya ba, har raka motar na yi ina ɗaga hannu da ƙarfina. Washegari tun kafin la'asar na goge kujerata na zauna.

Amma wasa ya ƙi daɗi. Hamma yana ajiye lamba ɗaya kamar mai ajiye cokali, ba yatsa, ba kirari. Sai kuma wani direban keke mai ƙafa uku ya zo da labari wai ya ga Tica a GRA cikin manyan tsofaffin ma'aikata, suna buga kati a ƙarƙashin fanka, har yana ɗaga musu yatsa yana hol-on.

Fuskar Hamma ta canza. "Yana ɗaga yatsa?"

"Wallahi kamar kai."

"Ni ina ruwana? Ya ɗaga ƙafa ma."

Ranar agogo uku ya haɗa da kayan cikin juna. Wani ya zo karɓar nasa ya tarar yana tafiya da baya. Kindirmo ya zo, ya tura mini ƙwaryar gaba ɗaya ba tare da ya dube ni ba. Abin da na daɗe ina nema ke nan, amma da na sha sai na ji kamar ruwa. Yana zaune yana ƙunƙuni: "Ni na koya masa yatsan nan. Da ya zo nan harafi kawai gare shi."

Bayan kwana kaɗan ya ce in rufe shago in raka shi.

"Ina za mu?"

"Zan je in karɓo kalmata."

Muka hau keke har GRA. Ga katanga doguwa, ga ƙofar ƙarfe. Muka ƙwanƙwasa, maigadi ya leƙo ta 'yar taga, ya dubi hular Hamma da silifas ɗina, ya ce, "Hol-on," ya rufe tagar.

Hamma ya dafe ƙirji. "Isa, ka ji? Har maigadi ya koya wa! Rabon ta yake yi kamar zakka!"

Ya zaro katinsa ya manna a jikin tagar. Da maigadi ya sake buɗewa, lamba ɗaya ya gani a gaban hancinsa.

"Ɗan nan, ba a sa hol-on hannu wofi. Ina katinka? Babu? To nawa ne a sama. Buɗe."

Bawan Allah ya buɗe.

Muka sami Tica a baranda shi kaɗai. Ba manya, ba fanka mai juyawa, ba kowa. Ya raba kati gida biyu a kan tebur, yana buga wa kansa, yana tashi daga wannan kujera ya koma waccan. Ya rame. Ashe sau ɗaya tak manyan suka zo, suka ce wasan na 'yan tasha ne, kowa ya koma kan wayarsa.

Da ya gan mu ya miƙe. "Malam Jalo!"

Hamma ya zo da faɗa cike da baki, na san shi. Ya dubi kujerar da ba kowa, ya dubi katin da aka raba mata.

"Wa ke cin wasan?"

"Ita," in ji Tica, ya nuna kujerar.

"Ai dole. Ko kujera ta fi ka iya hol-on." Ya zauna a kanta ya kwashi katin. "Isa, nemo mana ruwa."

Kun ji fa. Na rufe shago, na sha rana, na zo GRA ɗiban ruwa.

Daga washegari Tica ya dinga hawo keke kowace la'asar zuwa Herwagana. Ba sai na gaya muku wanda ya koma kusa da buta ba.

Da ciwo ya kwantar da Hamma, 'yarsa ta ɗauke shi zuwa gidanta a Tumfure, can inda gidaje ke tsirowa a tsakiyar gonakin masara. Wata Asabar da hantsi muka je gaishe shi ni da Tica. Mun tarar an jingina shi da matashi, muryarsa ta dushe. Ko gama gaisuwa ba mu yi ba ya ce a raba.

Aka ɗora faranti a kan cinyarsa muka fara. Jikinsa ya yi rauni, amma idon nan na nan yadda yake. Can ya ce, "Saura ɗaya." Zagaye ya dawo kansa, ya dubi katin da ya rage masa, ya daɗe yana kallo. Sai ya miƙa hannu kasuwa, wato tarin katin da ake ɗiba in mutum ba shi da na ajiyewa, ya ɗauki ƙari.

Tica da ke gefensa ya riga ya hango. "Malam Jalo, lamba ɗaya ce a hannunka, kuma ta shiga. Ajiye ka ci wasanka."

"Ba a gama wasa da hol-on."

"A wace doka? Ko'ina ana yi."

"Ko'ina ba su da kunya. Ka tsayar da mutane, suna jiranka, sannan ka karkaɗe riga ka tafi?"

Zagaye ya zo kaina, na ajiye katina na ƙarshe. Na ci. Ni Isa na ci Hamma Jalo da Tica a zama ɗaya, abin da na yi rabin rayuwata ina mafarki. Na buɗe baki in yi tsiyar da na tanada tun ina saurayi, sai kawai na rufe shi na kama tattara kati.

Hamma ya dube ni. "To yi mana. Ko ita ma sai na koya maka?"

Bai kai wata Asabar ɗin ba.

A maƙabarta Tica ya tsaya daga gefe, ƙarƙashin wata dalbejiya, hularsa a hannu. Muna zuba ƙasa ina jiyo kukansa, kuka na tsoho wanda ba ya iya ɓoyewa. Mutane suna ta zuwa suna riƙe hannunsa suna ba shi haƙuri. Ku yarda ko kada ku yarda, a wurin ma sai da na ji wani abu ya tsaya mini a rai, na ce wato ko a kuka sai ya fi ni.

Da aka watse sai ga shi ya nufo ni. Ya kama hannuna da nasa biyu, bai saki ba har bakin titi. Keke ɗaya muka shiga. Sai da zai sauka ya juyo.

"Malam Isa, gobe da la'asar kana shago?"

Na ce ina nan.

Allah ka jiƙan Hamma Jalo. Ka yafe masa abin da muka sani da wanda ba mu sani ba, ka yalwata masa makwanci, ka ba shi maƙwabta masu haƙurin sauraro. Mu da ya bari, ka sanyaya mana zuciya, ka sa mu riƙe juna. Amin.