Amsar da Na Baro a Sabo

Ana idar da sallar asuba muka bar Zariya, ina ta ɗoki kamar an ce an janye jarrabawa. Hanyar Mokwa ta girgiza mana hanji, a Jebba muka ci soyayyen kifi mai tsadar tsiya, washegari da hantsi keke ya sauke mu a Sabo, unguwar Hausawa da ke Mokola, can Kudu.

Wajen Alhaji na je, yayan kakata. Shi ne tsohon nan da kuke gani a finafinan tarihi yana ba da labarin Sabo lokacin yaƙin basasa. Sau huɗu Turawa na zuwa ɗaukarsa, har 'yan unguwa na ce masa ɗan fim. Hajiya Kaka ta aiko ni da tambaya ɗaya: ƙanensu da ya shiga soja bai dawo ba, me ya faru ranar da ya tafi? A duk finafinan, nan Alhaji yake tsallakewa.

Ina saita waya ya zura babbar riga, ya gyara hula, ya zuba mini labarin da na haddace tun ina firamare. Ko tarin da yake yi a finafinan a wurinsa yake. Na ɗora bidiyon a intanet, layik suka fara ruwa.

Bayan azahar, mun narki amala da miyar ewedu, ya tuɓe rigar ya zauna tsintar goro, yana ware mai tsutsa yana jera ganye a huhu. Ashe bakinsa ba ya buɗuwa sai hannunsa na cikin goro. Ya ce ranar nan ma huhu suke ɗaurewa su biyu, shi da ƙanen nasu, sai ya faɗa wa yaron wata magana. Ni kuwa ina "uhm, uhm", yatsana na kan amsa kwament.

Maganar ta wuce ban ji ta ba. Na ɗago, yana kallona.

"Abokina, Turawan nan ko Hausa ba sa ji, amma idona suke kallo."

Na ba da haƙuri, na kife wayar. Ya ce in miƙo masa igiya. Kwana biyu ina binsa har kasuwar Bodija, bai ƙara tayar da zancen ba.

Mun dawo lafiya. Kaka ba ta ko kwance goron da ya aiko mata ba, ta ce, "Maigidana, me ya ce?" Na nuna mata bidiyon. Ta kalla kaɗan ta miƙo mini wayata, ta ce wannan ai ta sha gani.

Abin da na koyo ke nan, jama'a. Tsoho ya shekara hamsin da ɗoriya yana neman wanda zai faɗa wa, ya zaɓe ni, ni kuma ina tura alamar dariya.