Tokar Kawu a Filin Ƙwallo

Jiya aka sake fitar da ƙungiyarmu ta Wudil tun zagayen farko, wai fili ne ba kyau. Fili! Sai marigayi kawuna ya faɗo mini a rai.

Zamanin da arzikin mai ya shigo, ina gola, shi ke bin gidaje yana tara tokar murhu, ya zana mana layi da ita tun tana da ɗumi. Ranar wasan kusa da na ƙarshe na yi ƙorafin tsakuwa. Ya harare ni ya ce, "Su baƙin a kan katifa za su buga?" Muka ci.

Yau ga fenti, ga takalma, amma shekara da shekaru sai uzuri. Allah ya jiƙanka, Kawu, ya ba yaran nan ko rabin zuciyarka.